Tsohuwar sifika: rufaffen akwati, mai ƙaho, ko 'yar Ingila?

Sifikar farko da na saya ta hannu, mai ita ya yi ta yabon sautinta, wai taushi gare shi, ba ya sukar kunne kamar na zamani. Na saurara, na kuma yarda. Sai da na kai ta gida na cire ƙyallen fuskarta sannan na ga abin da ke ciki. Soson da ya zagaye takardar wufa, wato babbar sifikar da ke fitar da sauti mai kauri, wanda shi ke riƙe ta tana shiga tana fita, ina ɗora masa ɗan yatsa sai ya biyo yatsan, baƙi ƙirin, da danƙo, kamar tokar da ta sha mai. Tuwitar hagu kuwa, wato 'yar ƙaramar da ke fitar da siraran sautuka, ta daɗe da mutuwa. Ashe taushin da muka yi ta yabo, ni da shi, rabinsa ciwo ne. Da aka gyara ta, wani taushin ya tafi, wani ya zauna. Wanda ya zauna shi ne wanda maƙerinta ya nufa tun farko, kuma shi ya kamata mutum ya ba da kuɗinsa a kai.

Abu na biyu da na gane a makare shi ne babu wani abu guda da za a kira sautin tsohuwar sifika. Daga 1946 zuwa ƙarshen shekarun 1970 maƙera sun yi saɓani sosai a kan yadda ya kamata kiɗa ya fito a cikin ɗaki, kowane ɓangare da hujjarsa. Sifika biyu da aka ƙera a shekara ɗaya za su iya bambanta fiye da yadda tsohuwa ta bambanta da sabuwa. Saboda haka wanda ya ce zai sayi tsohuwa bai riga ya zaɓi komai ba tukuna.

Tushen saɓanin wata ƙa'ida ce da ake jingina wa Anton Hofmann, ɗaya daga cikin mutum uku da suka kafa kamfanin KLH a 1957. Abu uku kowa ke so: ƙaramin akwati, bes (sauti mai kauri na ƙasa) mai zurfi, da ƙara mai yawa daga wuta kaɗan. Biyu za ka samu, na ukun sai dai ka haƙura. An ce taura biyu ba ta taunuwa. A nan biyun suna taunuwa, ta ukun ce ke karya haƙori. Kowace tsohuwar sifika da za ka gani, akwai ɗayan ukun da maƙerinta ya yafe.

Ana auna cin wutar sifika ne ta hanyar ba ta wat 1, a tsaya nesa da ita mita 1, a ga desibel nawa ta fitar. Ƙarin desibel 3 yana neman ninkin wuta, ƙarin desibel 10 kuwa ninki goma. Wato sifikar da ke ba da desibel 84 tana buƙatar wat 100 kafin ta kamo ƙarar da mai desibel 104 ke yi da wat 1 kacal. Ka riƙe wannan lissafin, domin shi ne zai nuna maka ko amfilifayar da kake da ita za ta iya da abin da idonka ya so.

Masu rufe akwati

Kafin 1954, mai son bes na gaske sai ya ajiye akwati kamar firij a falonsa. Edgar Villchur ne ya zo da wata dabara: ya sassauta abin da ke riƙe takardar wufa har ta zama lagwai-lagwai, ya toshe akwatin ruf, ya bar iskar da ke kulle a ciki ta zama ita ce ke mayar da takardar mazauninta. Iska tana matsuwa tana komawa daidai-wa-daida fiye da ƙyalle ko takarda, shi ya sa bes ɗin ya fito da tsabta daga akwatin da bai fi a ɗora a kan kantar littattafai ba. Shi da ɗalibinsa Henry Kloss suka kafa Acoustic Research, wato AR, a garin Cambridge na jihar Massachusetts ta Amurka. Sa'a ta zo musu a 1958, lokacin da faifan garmaho na sitiriyo ya shigo kasuwa: yanzu akwati biyu ake buƙata ba ɗaya ba, kuma gidaje kaɗan ne ke da wurin firij biyu a falo. A shekarar AR-3 ta fito, AR-3a ta biyo baya a 1967. Wajen 1966 kusan kashi ɗaya cikin uku na kasuwar sifika a Amurka yana hannunsu. Har taro suka riƙa shiryawa, masu goge huɗu suna kaɗawa a kan dandamali, a tsakiyar kiɗan sai sifika ta karɓa su kuma su ci gaba da motsa hannu, a bar 'yan kallo su gano inda aka yi canjin.

Sautin wannan gida nutsattse ne. Bes ɗinsa busasshe, idan ganga ta tsaya shi ma ya tsaya, ba ya jan wutsiya. AR-3a tana sauka har wajen kaɗawa 40 a daƙiƙa, inda igiya mafi kauri ta jitar bes take, kuma daga nan a hankali take janyewa, ba faɗuwa take yi kwatsam kamar akwati mai ramin fitar iska ba. Sama kuwa, wurin siraran sautuka, tana da kunya. Za ka yi awa uku kana ji kunnenka bai gaji ba, amma wanda ya saba da ƙyalƙyalin sifikar zamani zai ce an lulluɓe ta da bargo. Babban aibinta cin wuta: om 4 ce (om ma'aunin turjiya ga wuta ne, ƙarancinsa yana wahalar da amfilifaya), desibel ɗinta bai wuce tsakiyar 80 ba. Ka haɗa ta da ƙaramar amfilifaya, sai ta yi ta gyangyaɗi. Kuma ko da babbar ce, sai an ɗan ɗaga murya take farkawa.

Kloss bai tsaya a nan ba. Ya tafi ya kafa KLH, daga baya Advent, wadda babbar sifikarta ta fito a 1969 da wufa ɗaya da tuwita ɗaya. Advent ta fi AR sakin fuska, ta fi ta sauƙin turawa, kuma an yi ta da yawa har yau kayan gyaranta ba sa wuya. Idan wani ya ce mini bai taɓa mallakar tsohuwar sifika ba, yana so ya ɗanɗana, a nan nake cewa ya fara. Dynaco A-25, wadda aka riƙa ƙerawa a Denmark daga 1969, 'yar uwarsu ce ta kusa, ko da yake an bar mata wata 'yar kafa da aka cushe don iska ta riƙa tsiyaya. Bakin wufarta roba ne, ba ya ruɓewa kamar soso.

Masu ƙaho da manyan akwatuna

Ɗaya ɓangaren ya girmi wannan. Asalinsa gidan silima ne, a zamanin da amfilifaya mai bawul, irin ƙwayayen gilashin nan masu jan wuta, ba ta ba da wat da yawa, ga kuma zaure mai ɗaukar ɗaruruwan mutane. Maganin shi ne ƙaho. Duk wanda ya taɓa haɗa tafukansa a baki don ya kira wani daga nesa ya san yadda abin yake: muryar ba ta ƙaru ba, an dai tattara ta an miƙa wa iska da kyau. Altec A7 daga bayan allon silima ta shigo gidajen mutane. Paul Klipsch kuwa, a garin Hope na jihar Arkansas, ya fara ƙera Klipschorn a 1946, ya ɓoye wufa mai inci 15 a cikin naɗaɗɗen ƙaho na katako, ya bar bangon kusurwar ɗaki ya ƙarasa bakin ƙahon. Har yau ana ƙera ta. Desibel ɗinta wajen 104 ne, wat biyu ko uku sun isa su cika falo.

Abin da ƙaho ke yi wanda rufaffen akwati ba ya iyawa shi ne zabura. Idan aka buga ganga, a ƙirji za ka ji ta kafin kunne. Da yake takardar ba ta yin doguwar tafiya kafin ta fitar da ƙara, sautin yana fitowa ba tare da alamar wahala ba, kuma abin mamaki, ko an rage murya can ƙasa da tsakar dare, kiɗan yana nan da ransa. Wannan shi ne abin da ke kama mutane, wanda ya saba da shi da wuya ya koma.

Amma kowa ya ci zomo ya ci gudu. Tsohon ƙaho yana da wata 'yar hanci-hanci a tsakiyar sauti, kamar mai magana ta cikin mazurari, kuma muryar mace ko busa mai tsini tana iya zama suka idan aka ɗaga. Ba ya rufa wa amfilifaya asiri: ɗan shuu ko gunjin wutar da ba za ka taɓa ji a AR ba, a nan sai ya cika ɗaki. Yana son tazara, domin idan ka zauna kusa, za ka ji wufa daban, ƙaho daban. Sai ka ja baya kamar mita 3 suke haɗuwa. Klipschorn kuma ba ta da amfani ga wanda ba shi da kusurwa biyu masu kyau a bango ɗaya, ba ƙofa ba taga. Ga mai irin wannan ɗaki akwai Cornwall ta 1959, mai zama a kusurwa ko jikin bango, da La Scala ta 1963. Ƙaramarsu Heresy, ta 1957, an yi ta ne don ta zauna tsakanin Klipschorn biyu, kuma sunanta yana nufin bidi'a, don ta kauce wa aƙidar mai gidan ta sa ƙaho a bes. Ita ce ta fi shiga ɗaki, amma ƙa'idar Hofmann ba ta ƙyale ta ba: ƙarami ne akwatin, ƙarar da yawa, sai bes ya biya kuɗin. Ƙasa da kaɗawa 50 zuwa 60 ba ta da abin faɗa. Da yawa sun saye ta don sun ga wufa mai inci 12, suka yi zaton girgiza, suka sha mamaki.

JBL L100 ta 1970 ba ta da ƙaho, amma jininsu ɗaya. An ciro ta ne daga 4310, wadda ake aiki da ita a ɗakunan ɗaukar kiɗa, aka sa mata kayan gida: farar wufa mai inci 12 da fuskar soso mai gida-gida, ruwan lemo ko shuɗi ko ruwan ƙasa. Ita ba ta san kunya ba. Tana turo jita da ganga gaba, tana ƙara wa bes ɗan tudu, kuma ga kiɗa mai zafi na zamaninta babu kamarta. Ka sa mata fiyano shi kaɗai ko muryar mai karanta labarai, sai ka ji inda take ƙari. Amurkawa suna kiran wannan sautin gabar yamma, na su AR kuma sautin gabar gabas.

Tannoy ta Birtaniya tana tsakiya. Tun 1947 suke sa ƙahon tuwita a cikin cibiyar wufa, sauti duka ya fito daga wuri ɗaya, shi ya sa ba ta neman tazara kamar Klipsch, murya kuma tana tsayawa cak a tsakiyar ɗaki. Monitor Gold ta 1967 ita ake rububi. Sai dai an sayar da su da yawa tsirara, mutane suka yi musu akwati da kansu, don haka Tannoy biyu masu ciki iri ɗaya za su iya zama ɗaya zinariya ɗaya gwangwani.

'Yan Ingila na gidan rediyo

Injiniyoyin BBC ba bes ne ya dame su ba, ba kuma ƙara ba. Muryar mutum ce. Suna da gatan da wasu maƙera ba su da shi: mai magana yana ɗaki ɗaya, sifika tana ɗaki na kusa, mutum ya ji wannan ya taka ya ji wancan. Daga nan suka fito da abin da ya saɓa wa hankalin kowa. Maimakon katako mai kauri, sai suka yi akwati da siririn falanki, suka manna masa kwalta daga ciki, don rawar da akwatin zai yi ta sauka ƙasa, ta bar wurin da murya take. Maimakon takarda kuma suka koma wata roba mai suna Bextrene, saboda kowace wufa ta fito daidai da 'yar uwarta. Spencer Hughes ya bar BBC ya kafa Spendor, sunansa da na matarsa Dorothy a haɗe, da sifikarsa BC1 ta ƙarshen shekarun 1960. Dudley Harwood ya kafa Harbeth a 1977.

Wadda ta fi suna a gidan ita ce LS3/5A ta tsakiyar shekarun 1970, tsawonta bai wuce santimita 30 da ɗoriya ba, an yi ta ne don motocin ɗaukar shiri a waje inda babu wuri. Wufarta KEF B110 ce mai inci 5, tuwitarta T27. BBC ta ba kamfanoni irin su Rogers da Chartwell da Spendor da Harbeth izinin ƙera ta bisa sharaɗin kowace ta yi daidai da ma'auni. Ka zauna mita ɗaya da rabi daga gare ta, ka sa muryar wanda ka sani, sai ka waiga. Ba ta da bes na ƙasa ko kaɗan. An ɗan ɗaga mata sauti sama da kaɗawa 100 don kunne ya ɗauka akwai, dabarar tana ci har sai ka sa kiɗan da ke da bes na gaske. Desibel ɗinta wajen 83 ne, amma da yake ta farkon om 15 ce, ba ta wahalar da amfilifaya mai bawul. Abin da ba ta yi shi ne ƙara. Ka matsa mata, wufar ta buga ƙasa, ka jawo wa kanka asara. BC1 ta fi ta cika da faɗi, tsakiyar sautinta har yau abin koyi ne, amma bes ɗinta sakwa-sakwa ne, ita ma ba ta son a takura mata, kuma dole a ɗora ta a kan ƙafa a janye ta daga bango.

Akwai biyu da ba su shiga ko ɗaya cikin gidajen nan ba, kuma bai kamata a wuce su ba. Quad ESL ta Peter Walker, 1957, ba ta da akwati ba ta da maganaɗisu: leda ce da ta fi gashi siranta, an cika ta da dubban bolt, tana rawa tsakanin faranti biyu masu huji. A murya da goge ban ji abin da ya kai ta tsabta ba. Amma kujera ɗaya tak take yi wa kiɗa, tana buƙatar soket nata, ƙura da laima suna cutar da ita, kuma idan wuta ta yi mata yawa tartsatsi ne zai huda ledar. Ba sifikar da za a fara da ita ba ce. Ɗayar ita ce Yamaha NS-1000M ta 1974, mai tuwita da sifikar tsakiya na ƙarfen beriliyam. Duk mai cewa tsohuwar sifika taushi gare ta, a kunna masa wannan. Kaifi gare ta kamar aska. A kula dai, beriliyam idan ya fashe ƙurarsa guba ce, kuma samun madadinsa aiki ne.

Sai kuma waɗanda nake cewa a yi hattara da su: manyan akwatunan nan na shekarun 1970 masu fuskar katako mai saƙa, da sifika biyar ko shida a jere da maɓallai masu ƙyalli. Ido suke ci. Ka ɗaga ɗaya. Idan wufa mai inci 15 ce amma akwatin ya taso maka da hannu ɗaya, ka san maganaɗisun ƙarami ne, katakon ma haka. A wannan harka ji ne ke korar gani.

To wacce?

Ɗakinka ne zai fara yanke hukunci, ba kai ba. A ƙaramin ɗaki inda kujera ba ta fi mita 2 daga sifika ba, 'yar BBC ce sarauniya, ƙaramin rufaffen akwati yana biye, mai ƙaho kuwa zai yi ta yi maka tsawa a fuska. A matsakaicin falo inda dole sifika ta matsa jikin bango, rufaffen akwati ya fi kowa haƙuri, domin da yawansu don ɗorawa a kan kantar littattafai aka yi su, kuma bangon yana ƙara musu. BC1 a wannan wurin sai ta yi ta gunji. A babban falo mai rufi sama, LS3/5A ɓacewa take yi, AR tana shanye amfilifaya, Cornwall ko Tannoy mai inci 15 kuwa ko gumi ba sa yi.

Na biyu amfilifaya. Mai ƙaramar bawul ta wat 8 ko 10 ba shi da zaɓi da ya wuce gidan ƙaho. Mai taranzista mai ƙarfi, wat 60 zuwa sama, wadda aka rubuta mata om 4 a baya, ƙofar AR a buɗe take gare shi. Wani abu da mutane ba su cika sani ba: ƙaramar amfilifaya da aka matsa wa har sautinta ya fara tsagewa ta fi babba saurin ƙona tuwita.

Na uku, yadda kake ji. Mai ji da dare, murya ƙasa-ƙasa don kada a tashi masu barci, zai fi jin daɗin ƙaho ko 'yar BBC a kusa. AR a wannan matakin barci take yi ita ma. Mai son ganga da bes su taɓa jiki, JBL ko Klipsch babba. Mai yawan jin magana, waƙa zalla, ko kayan kiɗa marasa lantarki, Ingila. Mai jin kowane iri, yana so ya kunna tun safe ya manta da sifikar, rufaffen akwati. Ni a nan na tsaya, kuma na san abin da na bari: duk lokacin da na ji ganga a babban ƙaho, nakan dawo gida in ji tawa kamar ta yi sanyi, sai bayan kwana biyu kunnena ya sake yarda da ita.

An ce tsohuwar zuma ake magani da ita, amma zuma ba ta da soso. Tsufa ba ya kama gidajen nan daidai, kuma wannan ma yana cikin zaɓi. Bakin wufa na soso yakan ruɓe cikin shekara 15 zuwa 20, don haka Advent, da AR na baya-baya, da Tannoy HPD ta 1974, ko dai an riga an canja musu ko suna jira. Ba abin tsoro ba ne, aikin yini ɗaya ne ga mai haƙuri, muddin ba a yi ta kunna ta a haka har koyil, naɗin wayar da ke motsa takardar, ya goge ba. Klipsch da Altec da L100 bakinsu ƙyalle ne mai ninki, yana kai shekara 50 lafiya. A wannan fannin su suka fi kowa ƙarko. Tsofaffin KLH ma ƙyalle ne, sai dai maganin da ke toshe shi yana bushewa, iska ta riƙa zurara, bes ya tafi. AR-3a tana da maɓallan daidaita sauti a baya da ke yin tsatsa kore, har tuwita mai rai ta yi shiru a ɗauka ta mutu. Kafasita, waɗanda ke cikin allon da ke raba sauti tsakanin wufa da tuwita, suna sauka daga ƙimarsu da shekaru, kuma su ne sukan jawo dishi-dishin da ake kira taushi. Tuwitocin ƙarshen shekarun 1970 zuwa 1980 da aka sa wa ruwan maganaɗisu don sanyaya koyil, ruwan yana kafewa ya riƙe su. 'Yan BBC ba su cika ruɓewa ba, amma idan abu ya lalace gyaransu ya fi tsauri, domin an daidaita allonsu da wufarsu ne ɗaya bayan ɗaya.

Za ka ji masu sayarwa suna kirari da alniko. Maganaɗisu ne na haɗin alminiyam da nikel da kobal, wanda aka yi ta amfani da shi har 1978, lokacin da rikici a yankin Shaba na Zayar, wato Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango ta yau, ya sa kobal ya yi tsada, kamfanoni suka koma wani maganaɗisun mai suna ferait. Alniko yana da kyau, amma ba shi ke sa sifika ta yi daɗi shi kaɗai ba, kuma yana rage ƙarfi idan an daɗe ana dukansa da wuta. Kada sunan ya sa ka rufe kunne.

Tambayar da ta rage ita ce, me zai hana a sayi sabuwa a huta? Gaskiya sabuwa ta fi daidaito. Tun da Neville Thiele a 1961 da Richard Small a farkon shekarun 1970 suka fitar da lissafin haɗa wufa da akwati, aka daina lalube, tuwitar yau kuma ta fi ta da nisa da tsabta. Abin da aka rasa faɗi ne. Yayin yau siririn akwati ne mai wufa inci 6 da rabi, wadda faɗin takardarta wajen santimita murabba'i 140 ne. Mai inci 12 tana da sama da 500. Kafin ƙaramar ta ture iskar da babbar ke turewa da ɗan motsi, sai ta yi tafiya kusan ninki huɗu. Wannan sauƙin numfashin shi ne rabin abin da mutane ke nema a tsohuwa, ba tsufan ba. Kamfanonin sun gane: JBL ta dawo da L100 a 2018, Wharfedale ta dawo da Linton a 2019, Klipsch ba ta taɓa daina Klipschorn ba, LS3/5A ma ana ƙera ta da izini. Wanda ba shi da mai gyara a kusa, ba ya kuma son riƙe ƙarfen soda, waɗannan sun fi masa. Ya dai sani cewa, ban da LS3/5A da aka ɗaure da ma'auni, yawancinsu rigar da ce a jikin sautin yau.

Idan ka tsaya a kan tsohuwar, ka je da kiɗan da ka sani kamar tafin hannunka, da muryar mutum yana magana. Ka cire fuskar kafin a kunna komai. Ka duba ko wufa da tuwita na hagu da na dama iri ɗaya ne, ko sukurorin sun sha sukundireba, domin babbar asara ita ce akwati na asali da ciki na aro. Wannan ba ya gyaruwa sai da neman na asalin. Ka shafa ƙasan akwatin, idan ya kumbura ya sha ruwa. A kunna a hankali, ka naɗe takarda kamar bututu ka kara a kunne, ka bi kowace sifika ɗaya-ɗaya ka tabbatar tana magana. Ka juya sauti hagu zalla, sannan dama zalla: muryar ta zama ta mutum ɗaya. Daga nan a kashe, ka buɗe yatsunka ka dafa takardar wufa kewaye da cibiyarta, ka tura a hankali. Idan ka ji ƙarar gogayya kamar yashi, koyil ya taɓu. Idan rufaffen akwati ne kuma, ka saki ka kalla: lafiyayya a hankali take dawowa, kamar mai ajiyar zuciya, wadda ta yi tsalle ta dawo nan take kuwa iska na fita ta wani wuri.